BABI NA UKU: IKON KOTU NA KARƁAR TAKARDUN SHARI'A BAYAN WA'ADI YA WUCE A BIRNIN KANO

3.0 Gabatarwa

A wannan babi za a yi bayani ne a kan ikon da doka ta ba kotu na ta karɓi takardun da masu shari'a suka kawo mata a makare, wato bayan wa'adin da aka ɗibar masu ya riga ya cika. Bayanin ya shafi ƙararrakin madaniyya ne kawai, irin su bashi da ciniki da haya da rikicin gida ko fili, ban da shari'o'in laifi. Za a dubi yadda al'amarin yake a Babbar Kotun Jihar Kano, sannan a kwatanta shi da yadda alƙalan Musulunci na cikin birni suke ba da ajali tun kafin zuwan Turawa. Dalilin yin haka shi ne, mutumin cikin birni yana iya samun kansa a gaban kowace daga cikin waɗannan kotuna biyu, kuma jinkirin 'yan kwanaki wajen kai takarda ɗaya yana iya raba shi da gidan da ya gada kaka da kakanni.

3.1 Ma'anar Takardun Shari'a da Wa'adinsu

Abin da ake nufi da takardun shari'a a nan shi ne rubutaccen bayanin da kowane ɓangare yake miƙa wa kotu kafin a fara sauraron shaidu. Na farko shi ne takardar da'awa, wadda mai ƙara yake zayyana abin da ya faru da abin da yake nema a bi masa. Na biyu shi ne takardar kariya, wadda wanda ake ƙara yake bin maganganun mai ƙara ɗaya bayan ɗaya, ya amsa wanda ya amsa, ya musa wanda ya musa. Wani lokaci kuma akan sami ta uku, wato martanin mai ƙara a kan sabuwar maganar da ta fito a cikin takardar kariya.

Amfanin waɗannan takardu shi ne su fito da ainihin inda saɓani yake, domin kada wani ya yi wa ɗan'uwansa ba-zata a ranar shari'a. Akwai ƙa'idoji biyu da suka sa suke da nauyi ƙwarai. Ta ɗaya, duk maganar da mutum bai rubuta a takardarsa ba, ba zai kawo shaida a kanta ba, ko ya kawo ma kotu ba za ta yi aiki da ita ba. Ta biyu, duk maganar da mai ƙara ya rubuta, wanda ake ƙara bai musa ba, ana ɗauka ya yarda da ita. Ke nan wanda bai shigar da takardar kariya ba, tamkar ya yi iƙirari ne da duk abin da aka faɗa a kansa.

Dokokin tafiyar da shari'a na kowace babbar kotu sun yanka adadin kwanakin da za a shigar da kowace takarda. Idan kwanakin suka cika wanda ake ƙara bai motsa ba, mai ƙara yana da damar roƙon kotu ta yanke hukunci ba tare da an ji ta bakin abokin shari'arsa ba. Haka kuma idan mai ƙara ne ya yi sakaci, wanda ake ƙara yana iya roƙon a kori ƙarar. A daidai wannan gaɓa ne maganar ikon kotu na ƙara lokaci take tasowa.

3.2 Tarihin Kotuna a Birnin Kano a Taƙaice

Kafin shekarar 1903, lokacin da Turawan Ingila suka ci Kano, shari'a tana hannun alƙalai da kuma Sarki da majalisarsa a Gidan Rumfa, kuma ana yin ta ne a kan tafarkin mazhabar Malikiyya. Turawa ba su rushe wannan tsari ba, sai suka sa shi a ƙarƙashin dokokinsu na kotunan gargajiya. An ci gaba da rubuta hukunce-hukuncen majalisar Sarki da Larabci, har ma wani masanin tarihi, Allan Christelow, ya fassara wasu daga cikin na zamanin Sarki Abbas ya buga a shekarar 1994. A shekarar 1934 aka buɗe makarantar horar da alƙalai a Kano, wadda daga baya ta zama Makarantar Nazarin Larabci.

A shekarar 1967 aka ƙirƙiro Jihar Kano, kuma a wannan shekara aka yi dokar kotunan yanki, wadda ta fara aiki a 1968. Da wannan doka aka soke kotunan sarakuna, aka kuma karɓe kotunan alƙalai daga hannun En'e aka mayar da su ƙarƙashin gwamnatin jiha. A shekarar 2000 kuma aka maye gurbin kotunan yanki da kotunan shari'ar Musulunci. Daga cikinsu akwai na Ƙofar Kudu da na Shahuci, waɗanda suke cikin ƙwaryar birni. Ita kuwa Babbar Kotun Jiha tana zama ne a wajen ganuwa, a Sakatariyar Audu Baƙo da kuma titin Miller da ke Bompai.

Bambancin da ya shafi wannan babi shi ne, a kotun alƙali da baki ake kai ƙara, da baki ake amsa ta, magatakarda yana rubutawa. A Babbar Kotu kuwa takarda ce take magana, kuma da Ingilishi ake rubuta ta. Mutumin birni ya saba da tsari na farko, amma ba kullum yake da zaɓin inda za a kai shi ba. Idan banki ko kamfani ne yake bin sa bashi, yawanci Babbar Kotu ake zuwa. Haka nan dokar amfani da ƙasa ta 1978 ta keɓe wa Babbar Kotu rikicin mallakar filin da gwamna ya ba da takardar shaida a kansa. Saboda haka wanda ya saba zuwa gaban alƙali ya faɗi ta bakinsa a ranar da aka kira shi, yana iya zama yana jiran ranar, alhali kuwa kwanakin shigar da takardarsa suna ta ƙarewa. Rashin sani, in ji Hausawa, ya fi dare duhu.

3.3 Tushen Ikon Ƙara Lokaci a Babbar Kotu

Wannan iko yana da tushe guda biyu. Na farko shi ne dokokin kotun kansu. Dokokin Babbar Kotun Jihar Kano na shari'ar madaniyya na 1988, da na 2014 da suka gaje su, duk sun ba alƙali damar ƙara wa'adin da aka yanka don yin wani abu, ko da an kawo roƙon ne bayan wa'adin ya wuce. Na biyu shi ne sashe na 36 na Tsarin Mulkin Nijeriya na 1999, wanda ya ba kowane mutum haƙƙin a saurare shi cikin adalci kafin a yanke hukunci a kan haƙƙoƙinsa. Sai dai wannan sashe bai tsaya nan ba, ya ƙara da cewa a yi sauraron a cikin lokacin da ya dace. Wato haƙƙi biyu ne a wuri ɗaya: haƙƙin wanda ya makara na kada a rufe masa baki, da haƙƙin abokin shari'arsa na kada a ja masa rai. Aikin alƙali shi ne ya auna waɗannan biyu.

Hanyar da ake bi ita ce, lauyan wanda ya makara ya rubuta takardar roƙo, ya haɗa da takardar rantsuwa mai bayyana dalilin jinkiri, ya kuma liƙa takardar kariyar da yake so a karɓa. Yawanci abu biyu ake roƙo tare: a ƙara lokaci, sannan a ɗauki takardar da aka riga aka shigar a matsayin wadda ta shiga bisa ƙa'ida. Dole ne a kai wa ɗaya ɓangaren kwafi, domin shi ma yana da damar ya yi suka.

Kotun Ƙoli ta Nijeriya ta yi bayani a kan wannan iko a shari'o'i da dama, kuma hukuncinta ya hau kan kowace kotu ta ƙasa da ita, har da na Kano. A shari'ar bankin UBA da Nwora ta shekarar 1978, kotun ta nuna cewa takardar kariyar da aka shigar a makare ba matacciyar takarda ba ce, kuskure ne na tsari wanda ake iya gyarawa. Don haka bai kamata alƙali ya kau da kai daga gare ta ya yanke hukunci kamar ba ta cikin fayil ba. A shari'ar Williams da ƙungiyar Hope Rising ta 1982 kuma, kotun ta ja kunne ta ɗaya gefen, inda ta ce asali dokokin kotu an yi su ne don a bi, kuma wanda yake neman ƙarin lokaci dole ne ya ajiye wa kotu dalilin da za ta dogara a kai. Idan babu dalili, babu sassauci. Har ila yau, a shari'ar Jami'ar Legas da Aigoro ta 1985 an jaddada cewa irin wannan iko ba na son rai ba ne, wajibi ne a yi amfani da shi bisa doka da hankali, kuma kotun sama tana iya sa baki idan alƙali ya kauce wa haka.

Bugu da ƙari, akan sami lokacin da roƙo biyu suke gaban kotu a rana ɗaya: mai ƙara yana roƙon a yanke masa hukunci, wanda ake ƙara kuma yana roƙon a ƙara masa lokaci. A shari'ar kamfanin Nalsa da kamfanin mai na ƙasa, NNPC, ta 1991, Kotun Ƙoli ta nuna cewa abin da ya dace shi ne a fara sauraron roƙon da zai raya shari'a kafin wanda zai kashe ta.

3.4 Abubuwan da Alƙali Yake Dubawa

Babu wani ma'auni guda ɗaya da ya game kowace shari'a, amma akwai abubuwan da kotuna suka saba dubawa, kamar haka:

(a) Dalilin jinkiri. Rashin lafiya mai tsanani, ko tafiya, ko rashin isar sammaci hannun mutum a kan kari, ko wahalar samo wata takarda daga ma'aikata, duk dalilai ne da kotu take iya karɓa idan an bayyana su filla-filla da ranakunsu. Cewa kawai an manta, ko an shagala da kasuwa, ba ya wadatarwa.

(b) Tsawon jinkiri. Wanda ya makara da mako ɗaya ba daidai yake da wanda ya makara da shekara ɗaya ba. Amma doguwar makara mai dalili ta fi gajeriya marar dalili samun karɓuwa.

(c) Wanda laifin yake wuyansa. Tun daga shari'ar Doherty ta 1964 da ta Bowaje da Adediwura ta 1976, Kotun Ƙoli ta tsaya a kan cewa ba a hukunta mai shari'a saboda kuskure ko sakacin lauyansa a kan abin da ya shafi tsari. Sai dai wannan ba mafaka ba ce ga wanda ya miƙa wa lauya takardu ya juya baya, bai sake waiwayar shari'arsa ba.

(d) Cutarwa ga ɗaya ɓangaren. Idan jinkirin bai jawo masa wata hasarar da kuɗi ba za su iya gyarawa ba, kotu takan karɓi takardar, ta umarci wanda ya makara ya biya abokin shari'arsa kuɗin ɗawainiya. Idan kuwa muhimmin shaida ya rasu a tsakani, ko an riga an yi nisa da shari'a, to, sai alƙali ya ƙara yin tsanaki.

(e) Abin da takardar ta ƙunsa. Idan takardar kariyar ta nuna akwai magana ta gaskiya da ya kamata a saurara, wannan yana ƙarfafa roƙon. Idan kuwa musu ne kawai na neman ɓata lokaci, babu amfanin buɗe ƙofa.

(f) Halin mai roƙo tun farkon shari'a. Wanda aka sha ba shi dama yana wasa da ita, da wuya a sake tausaya masa.

3.5 Misali Daga Cikin Birni

Don a ƙara fahimta, a ƙaddara wani ɗan kasuwa ne mai rumfa a Kasuwar Kurmi, gidansa yana unguwar Koki. Wani kamfani da yake ba shi kaya ya kai shi ƙara Babbar Kotu yana bin sa bashi mai yawa. A lokacin shi kuwa ya tafi fatauci Agadas. Ma'aikacin kotu ya zo sau biyu bai same shi ba, sai aka nemi izinin kotu aka liƙa sammacin a ƙofar zaurensa. A wurin doka sammaci ya isa, kwanaki sun fara tafiya. Mutanen gida suka ga takarda da Turanci, suka cire suka adana masa a cikin ɗaki. Bai dawo ba sai bayan wata biyu, kuma a hannunsa akwai rasiɗan da suka nuna ya biya fiye da rabin kuɗin.

Idan ya garzaya wurin lauya a makon da ya dawo, kafin a yanke hukunci, al'amarinsa mai sauƙi ne. Zai rantse a kan ranar da ya fita da ranar da ya dawo, ya kawo abin da ya tabbatar da tafiyar, ya liƙa takardar kariya da rasiɗai. Dalilinsa a fili yake, kariyarsa tana da ƙarfi, kamfanin kuma bai yi hasarar komai ba sai lokaci. Mafi yawan alƙalai za su karɓi takardar, su ɗora masa kuɗin ɗawainiya.

Idan kuwa ya tsaya neman sulhu ta hannun dattawan kasuwa da mai unguwa, kamar yadda aka saba, har aka yanke hukunci a bayan idonsa, to, aikin ya ƙaru. Yanzu sai ya roƙi a jingine hukuncin tukuna, kuma dokokin kotu sun yanka gajeren wa'adi na kawo irin wannan roƙo. Idan shi ma ya wuce, sai ya fara da neman ƙarin lokaci a kansa. A nan zai yi bayanin jinkiri biyu, na farko da na biyu, kuma na biyun ba shi da uzurin tafiya. Sulhu alheri ne, amma maganar sulhu a wajen kotu ba ta tsayar da lissafin kwanaki. A halin da ake wannan, kamfanin yana iya fara aiwatar da hukunci, a kama kayan rumfa, in ba su isa ba a nemi izinin kotu a sayar da gidan. Gidan cikin birni kuwa sau da yawa ba mutum ɗaya yake zaune a ciki ba, akwai iyaye da ƙanne da marayu.

Ya kamata a ambaci cewa akwai wata hanya ta gaggawa da masu bin bashi suke amfani da ita, inda ake sa ƙara a jerin waɗanda ake ganin ba su da kariya. A ƙarƙashin dokokin 1988, wanda aka kai ƙara ta wannan hanya sai ya shigar da sanarwar niyyar kare kansa tare da rantsuwa kafin ranar zama, in ba haka ba a yanke hukunci a ranar ba tare da kiran shaidu ba. 'Yan kasuwa ne suka fi faɗawa cikin irin wannan, domin yawancin mu'amalarsu ta bashi ce.

3.6 Ajali da I'izari a Kotun Alƙali

Ko da yake kotun alƙali ba ta aiki da rubutattun takardun da'awa da na kariya irin na Babbar Kotu, matsalar wa'adi ba baƙuwa ba ce a cikinta. Malaman fiƙihu suna kafa hujja da wasiƙar da Halifa Umar ɗan Haɗɗabi ya rubuta wa Abu Musa al-Ash'ari a kan alƙalanci, inda ya umarce shi da ya yanka wa mai da'awar hujjar da ba ta kusa lokacin da zai kawo ta, in ya kawo a ba shi haƙƙinsa, in ya kasa a yanke hukunci a kansa.

Littafin da alƙalan ƙasar Hausa suka fi dogara da shi a wannan fanni shi ne Tuhfatul Hukkam na Ibn Asim, alƙalin Garnaɗa ta ƙasar Andalus, wanda ya rasu a shekarar 1426. Littafin ya keɓe fasali guda a kan ajali, kuma abin da ya fara tabbatarwa shi ne cewa yanka ajali yana komawa ne ga ijtihadin alƙali. Bayan haka ya kawo adadin da aka saba aiki da shi. A ƙananan al'amura kwana 3. A da'awar dukiyar da ba gida ko gona ba, akan ba da kwana 8, sannan 6, sannan 4, sannan a ƙara 3 na jira na ƙarshe, jimla kwana 21. A kan gidaje da gonaki da gado kuwa akan fara da kwana 15, sannan 8, sannan 4, sannan 3, wato wata guda, har yakan kai wata 3 idan shaidu suna nesa. Abin lura a nan shi ne yadda ake tsinka wa'adin kashi-kashi, kowane kashi bai kai na gabansa tsawo ba, domin mai shari'a ya san ƙofa tana ƙara tsukewa.

Kafin alƙali ya yanke hukunci kuma, wajibi ne ya yi i'izari, wato ya tambayi wanda hukunci zai hau kansa ko yana da sauran magana ko wata hujja. Idan ya ce, “Allah ya gafarta Malam, ina da shaida amma yana Gwanja,” sai alƙali ya yanka masa ajalin da ya dace da nisan. Idan ya ce ba shi da komai, sai a rubuta haka a gaban shaidu. Kotunan ɗaukaka ƙara sun sha rushe hukuncin ƙananan kotuna saboda rashin yin i'izari kawai.

Idan duk ajalin ya ƙare mutum bai kawo komai ba, alƙali yana iya yin ta'ajizi, wato ya hukunta cewa ya gaza, ta yadda ba za a sake sauraron wata hujja daga gare shi a kan wannan magana ba. Amma malamai sun ware abubuwa biyar da ta'ajizi ba ya rufe ƙofarsu, su ne wakafi da saki da nasaba da jini da 'yanta bawa, saboda haƙƙin da ke cikinsu ya wuce na masu shari'ar biyu kaɗai.

Idan aka kwatanta, za a ga tsarin biyu sun haɗu a wuri uku. Duka sun yanka lokaci, duka sun bar wa alƙali damar ƙarawa gwargwadon uzuri, duka kuma sun yarda akwai ranar da za a rufe ƙofa. Inda suka rabu shi ne, a kotun alƙali shi alƙalin ne da kansa yake tambayar mutum ko yana da sauran hujja. A Babbar Kotu kuwa ba mai tambayar sa, shi ne zai taso da roƙo a rubuce.

3.7 Iyakar Wannan Iko

Ba kowane wa'adi ne kotu take da ikon ƙarawa ba. Ikon ya tsaya ne a kan wa'adin da dokokin kotu ko umarnin alƙali suka yanka. Wa'adin da dokar majalisa ta yanka don shigar da ƙara tun farko, ba ya ƙaruwa sai in ita dokar ce ta ba da dama. Misali, dokar kare ma'aikatan gwamnati ta yanka wata 3 don kai ƙarar jami'i a kan abin da ya yi a bakin aikinsa. A fiƙihun Malikiyya ma akwai makamancin haka, wato hauzi, inda wanda ya zuba ido shekara 10 bare yana amfani da gidansa ko gonarsa a matsayin mai shi, yana gari bai yi magana ba kuma babu abin da ya hana shi, ba a sauraron da'awarsa bayan nan.

Misali mafi fitowa fili shi ne shari'ar zaɓe. Sashe na 285 na Tsarin Mulki ya yanka kwana 21 don shigar da ƙorafi bayan bayyana sakamako, da kwana 180 don kotun zaɓe ta yanke hukunci, da kwana 60 don a yanke hukuncin ɗaukaka ƙara. A shari'ar jam'iyyar ANPP da Goni ta 2012, wadda ta taso daga Jihar Borno, Kotun Ƙoli ta tabbatar da cewa ba wata kotu da za ta ƙara ko kwana ɗaya a kan 180 ɗin. Wannan ne ya sa shari'ar zaɓen gwamnan Kano na watan Maris 2023 ta bi matakai uku ta ƙare a Kotun Ƙoli ranar 12 ga Janairu 2024, cikin ƙasa da shekara guda, alhali shari'ar gida ɗaya tana iya cin shekaru.

3.8 Matsalar Wasa da Sassaucin Kotu

Kamar yadda sassauci yake ceton mai uzuri, haka yake zama makami a hannun mai son ɓata lokaci. Wanda yake zaune a gidan da ake rikici a kai, ko yake juya kuɗin da ake bin sa, jinkiri riba ne a wurinsa, musamman da yake darajar naira tana raguwa. Mai gaskiya kuwa yana iya gajiya ya haƙura, ko ya rasu ya bar wa magada shari'a.

Don magance haka ne Jihar Legas ta fito da sababbin dokoki a shekarar 2004, waɗanda suka wajabta shigar da bayanan shaidu a rubuce da duk takardun hujja tun ranar shigar da ƙara, suka kuma sa tarar naira 200 a kan kowace ranar da aka makara. Jihohi da dama sun bi wannan sawu, kuma dokokin Kano na 2014 suna cikin waɗanda suka ɗauki tsarin gabatar da hujjoji tun farko. Wannan ya rage ba-zata, amma ya ƙara wa wanda ake ƙara nauyi, domin a cikin kwanakin da aka ba shi sai ya nemo lauya, ya tattara shaidu, ya haɗa takardu gaba ɗaya. Ga wanda cinikinsa na amana ne da baki, ba tare da rubutu ba, wannan ba ƙaramin aiki ba ne.

3.9 Kammalawa

A wannan babi an ga cewa karɓar takardar da ta makara ba alfarma ba ce da alƙali yake yi wa wanda ya ga dama, kuma ba haƙƙi ba ne da mai sakaci zai buga ƙirji ya nema. Iko ne da aka ɗora a kan dalili, kuma nauyin kawo dalilin yana kan wanda ya makara. An kuma ga cewa alƙalan birnin Kano sun san wannan ma'auni tun kafin a kafa Babbar Kotu, ta hanyar ajali da i'izari da ta'ajizi. Abin da yake cutar mutumin birni shi ne ɗaukar al'adar kotu ɗaya ya kai ɗaya, ya zauna jiran a tambaye shi a inda ba a tambaya. Saboda haka duk wanda takardar kotu ta shigo gidansa, ko shi ko iyalinsa, abin da ya fi masa shi ne ya kai ta wurin wanda zai karanta masa a ranar, ko da kuwa ana cikin maganar sulhu, domin kwanakin suna fara tafiya ne daga ranar da takardar ta iso, ba daga ranar da aka fahimci abin da ke cikinta ba.